Daga kujerar Sawaba zuwa allon sinima: Abdoulaye Mamani da Sarauniyar Lugu

A watan Afrilun 1899 rundunar Faransa ta Voulet da Chanoine ta afka wa Lugu, ƙauyen Azna da ke ƙasar Dogon Dutsi, inda Sarauniya Mangu da mutanenta suka ƙi miƙa wuya. Tsofaffin wannan yanki na Arewa ba su taɓa mance wannan rana ba, amma mutumin da ya kai labarin kunnen duniya ɗan siyasa ne daga gabashin Nijar, Abdoulaye Mamani.

An haifi Mamani a 1932. Da aikin ƙungiyar ƙwadago ya soma, sannan ya wakilci Damagaram a majalisa ƙarƙashin jam'iyyar Djibo Bakary, wadda aka fi sani da Sawaba. Da aka haramta jam'iyyar a 1959, ƙasa ta yi wa ƴaƴanta zafi, shi ma ya yi gudun hijira, ya daɗe a Aljeriya. Ya dawo gida bayan juyin mulkin Seyni Kountché na 1974, bai jima ba aka jefa shi kurkuku. Mutum ne da siyasa ta cinye masa ƙuruciya, kuma da aka toshe masa dandali sai ya ɗauki alƙalami. A 1980 littafinsa Sarraounia ya fito a Paris.

Abin da ya yi da labarin ya cancanci a tsaya a duba. Sarauniyar da mutanen Lugu suka sani mai riƙon al'ada ce, ba ta cika fita daga ɗakinta ba, ikonta yana tare da ƙasa da iskoki da dutsen Tunguma da ake zuwa neman gaskiya wurinsa. Mamani ya ba ta kwari da baka, ya sa ta gaban mayaƙa, ya sa mata a baki kalaman ƴanci irin waɗanda ƴan Sawaba suka sha ɗauri a kansu. Masana tarihi sun nuna cewa ya yi ƙari, kuma gaskiyarsu ne. Ni dai ina ganin ya san abin da yake yi: ƙasar da ta fito daga mulkin mallaka tana bukatar wanda ya taɓa cewa a'a.

Med Hondo, mai shirya fim ɗan Muritaniya, ya ɗauki littafin don ya mayar da shi sinima, Mamani na cikin marubutan wasan. Niyyar farko a Nijar za a yi aikin, amma goyon bayan hukuma bai tabbata ba. Thomas Sankara, shugaban Burkina Faso na lokacin, shi ne ya buɗe musu ƙofa, aka ɗauki fim ɗin a can, ƴar ƙasar, Aï Keïta, ta fito a matsayin Sarauniya. Fim ɗin ya fito a 1986, ya lashe Étalon de Yennenga, babbar kyautar bikin fina-finai na FESPACO, a 1987. Labarin na Arewa ne, amma aiki da lada suka tafi maƙwabta.

A Amurka masu fim ba sa barin goyon bayan hukuma ga sa'a. Chris Dodd ya yi shekara 30 yana sanata, ya sauka a 2011, a shekarar kuma manyan kamfanonin Hollywood suka ɗauke shi shugaban ƙungiyarsu, MPAA, don ya riƙa yi musu kamun ƙafa wajen gwamnati har 2017. An soki lamarin, kuma sukar tana da tushe, tunda sanayyar da ya tara da ƙuri'ar talakawa ce ya kai wa attajirai. Mamani bai da albashi irin wannan, bai da kamfani a bayansa, kuma masu riƙe da ƙofar su ne suka taɓa kulle shi.

Ya rasu a 1993 a haɗarin mota, yana hanyar Yamai karɓar kyautar adabi ta Boubou Hama.

Tsofaffin ƴan majalisa da ministoci na Dogon Dutsi da Tibiri sun san hanyar ofisoshin Yamai fiye da kowa. Su nemi a fassara fim ɗin da Hausa, a nuna shi a makarantu da dandalin Lugu da Bagaji da Matankari, su kuma tsaya wa matasan yankin masu kyamara har kasafin al'adu ya iso gare su.