Wuƙar Ƙetara Duniyoyi a Labaran Philip Pullman: Ƙa'idojinta da Matsalar Fassararta

1.0 Gabatarwa

Marubucin labarin al'ajabi yakan tanadi hanyar da taurarinsa za su bar duniyarsu su faɗa wata. A Ingila, C. S. Lewis ya yi amfani da kabad ɗin tufafi a littafinsa na 1950, kana ya kawo zobba rawaya da kore a na 1955. Wannan maƙala za ta dubi wuƙar da Philip Pullman ya ƙirƙira a The Subtle Knife (1997) da The Amber Spyglass (2000), domin nuna cewa ƙa'idoji da diyya su ne ƙashin bayan wannan hanya, kuma su ya wajaba mai fassara zuwa Hausa ya kiyaye.

2.0 Yadda Wuƙar Take Aiki

A labarin, duniyoyi ba iyaka suna jere daf da juna, amma babu mai ganin wata daga cikin wata. Masanan birnin Cittàgazze ne suka ƙera wuƙar kimanin shekara 300 kafin faruwar labarin. Baki biyu gare ta: ɗaya yana yanka kowane irin ƙarfe ko dutse, ɗayan kuma yana tsaga iska ya buɗe taga zuwa wata duniya.

Ba kowa ke riƙe ta ba. Yaron da ake kira Will, ɗan shekara 12, ya rasa yatsu biyu na hannun hagu a faɗan da ya same ta, wannan kuwa ita ce shaidar mai riƙonta. Tsohon da ya gabace shi ya koya masa tara hankalinsa a kan tsinin wuƙar, ya laluba har ya ji 'yar ɓaraka a cikin iska, sannan ya yanka. In ya ƙetare, sai ya haɗa gefen tagar da yatsu ya rufe ta. Ranar da tunanin mahaifiyarsa ya raba masa hankali yana cikin yanka, wuƙar ta karye.

3.0 Diyyar Ƙetarawa

Abubuwa uku ne suka hana wannan hanya zama ta banza. Na farko, duk sa'ad da aka tsaga taga sai wata fatalwa ta fito, mai shanye hayyacin manya. Na biyu, tagar da aka bari a buɗe tana zurarar da abin da labarin ya kira Ƙura, wadda hankalin bil'adama ya dogara da ita. Na uku, wanda ya zauna a duniyar da ba tasa ba zai yi ta rama har ya mutu. Don haka ne a ƙarshe Will da yarinyar da yake ƙauna, Lyra, kowa ya koma duniyarsa, aka rufe tagogin, shi kuma ya karya wuƙar da hannunsa.

4.0 Matsalar Fassara

Adabin Hausa bai rasa ɓoyayyun wurare ba. Akwai Jangare, birnin iskoki a bori, akwai kuma rijiya da kogon kuka da taurarin tatsuniya kan shiga. Sai dai Bahaushe in ya ji "wata duniya", hankalinsa yakan tafi lahira, ko wurin aljannu, ko sararin samaniya. Duniyoyin Pullman kuwa na mutane ne masu garuruwa da kasuwanni, har garin Oksfod ma biyu ne, na Will da na Lyra. Saboda haka "duniyoyi maƙwabta" ta fi kusa da manufa.

Haka nan "ƙofa" ba ta dace da abin da wuƙar ke buɗewa ba, domin ƙofa magini ke tsara ta, a sa mata ƙyaure. "Taga" ta yi daidai da kalmar marubucin, amma inda ake maganar zurarar Ƙura "kafa" ta fi, tunda kafa ake toshewa. Sunan wuƙar ma abin lura ne. "Mai kaifi" baki ɗaya kawai ta siffanta, alhali labarin ya nuna wuƙar tana da nufin kanta wanda mai riƙonta bai sani ba. "Hatsabibiyar wuƙa" ta ɗauko wannan ma'ana.

5.0 Kammalawa

An ga cewa kowace taga da aka buɗe a labarin tana da farashi. Mai fassarar da ya mai da wuƙar tamkar layar zana ko baduhu, abin da ake amfani da shi a wuce lafiya, zai bar mai karatun Hausa yana mamakin dalilin rabuwar Will da Lyra.