Adam Hochschild da Tarihin Kwango da Aka Binne

Lokacin da Adam Hochschild ya kai wa kamfanonin buga littattafai goma tsarin littafin da yake son rubutawa a kan Kwango, tara suka ce ba sa so. A ganinsu babu mai sayen tsohon labarin Afirka. Na goman ya karɓa, littafin King Leopold's Ghost ya fito a 1998, aka fassara shi zuwa harsuna da dama.

Hochschild ɗan jarida ne tun asali. An haife shi a Amurka a 1942, yana cikin waɗanda suka kafa mujallar Mother Jones a 1976, daga baya ya koyar da aikin jarida a Jami'ar Kalifoniya da ke Berkeley. Wannan horo ne ya sa ba ya fara labari da jadawalin shekaru. Mutum yake nema, ya bi sawunsa.

A littafin Kwango, mutumin shi ne Edmund Morel, akawun kamfanin jiragen ruwa na Elder Dempster. Yana tsaye a tashar Antwerp sai ya lura jirage na isowa maƙil da roba da hauren giwa, amma in za su koma, galibin lodinsu bindigogi ne da harsasai da sojoji. Ina kayan da ake biyan mutanen Kwango da su? Babu. Nan ya gane aikin tilas ake sa su. Sarki Leopold na Biyu na Beljiyam ya mallaki ƙasar a matsayin dukiyarsa ta kansa daga 1885 zuwa 1908, bai taɓa taka ta ba. Sojojinsa na Force Publique sukan tsare matan ƙauye har sai mazan sun cika ma'aunin roba, ga bulalar dorina, ga yanke hannaye don a nuna cewa ba a ɓarnatar da harsashi ba. Abin da ya kamata mai karatu Bahaushe ya sani, ko da ba daɗin ji, shi ne cikin sojojin hayar farko na wannan runduna akwai Hausawa da aka ɗebo daga Afirka ta Yamma.

Hochschild ya kawo ƙiyasin cewa yawan jama'ar ƙasar ya ragu da kusan miliyan 10, sanadiyyar kisa da yunwa da cututtuka da raguwar haihuwa. Wasu masana tarihi suna jayayya da adadin, kuma suna da hujja, tunda ba a yi ƙidaya ba a lokacin. Amma jayayyar ba ta wanke Leopold, wanda kafin ya miƙa ƙasar ga gwamnatin Beljiyam a 1908 ya sa aka shafe kwanaki ana ƙona takardun mulkinsa a Brussels.

Hochschild ya ci gaba a kan wannan turba. Bury the Chains na 2005 ya bi 'yan tsirarun da suka yaƙi cinikin bayi a Ingila, To End All Wars na 2011 ya bi waɗanda suka ƙi yarda da Yaƙin Duniya na Ɗaya.

Abin da ya fi ɗaga darajarsa a idona shi ne bai ɓoye gibin aikinsa ba. Ya faɗa ƙarara cewa muryar 'yan Kwango da kansu ta yi ƙaranci a littafin King Leopold's Ghost, domin yawancin takardun da suka tsira Turawa ne suka rubuta su. Ya kuma jinjina wa Jules Marchal, jami'in diflomasiyyar Beljiyam da ya shafe shekaru yana fafutuka kafin a bar shi ya karanta shaidar da 'yan Kwango suka bayar gaban kwamitin bincike na 1904.