Tsofaffin Hotunan Shugabanni a Fim Ɗin Tarihi

Dattawa a cikinmu suna tunawa da majigi. Mota takan shigo ƙauye da yamma, a kafa farin ƙyalle a fili, jama'a su ga Sardauna ko Tafawa Ɓalewa yana motsi kamar yana gabansu. Irin waɗannan hotuna ba su ɓace duka ba. Da yawa suna ajiye a Ingila. A shekarar 2014 kamfanin British Pathé ya sa tsofaffin finafinai 85,000 a YouTube. Daga irin wannan rumbu ne masu shirya fim ɗin tarihi suke sayen guntaye su harhaɗa.

Bari mu ɗauki misali. A ranar 15 ga Janairu 1970, Philip Effiong ya zo Barikin Dodan a Legas ya miƙa wuya a madadin Biyafara, Janar Yakubu Gowon kuma ya rungume shi. An ɗauki hoton, abin ya faru da gaske. Amma mai shirya fim ne yake zaɓen abin da zai biyo baya. Idan ya sa mutane suna rawa a titi, za ku ce labarin sulhu ne. Idan ya sa yara masu ciwon yunwa, wannan runguma za ta zama abin tuhuma. Bai yi ƙarya ba, jeri kawai ya sāke.

Sai batun murya. Ƙananan kyamarori na wancan zamani suna ɗaukar fim da bai kai minti 3 ba kafin a sa wani, da yawansu kuma ba sa kama sauti. Saboda haka tafi, ƙarar bindiga da kiɗan da kuke ji, sau da yawa daga baya aka ɗora su. Mai ba da labarin ma rubutun wani yake karantawa.

Mai aikin kirki yakan rubuta shekara da wuri a ƙasan hoton. Guntayen da suke yawo a wayoyinmu kuwa, an yanke musu kai da wutsiya, kuma a lokacin zaɓe ko rikici suka fi yawa. Kafin ku tura wa ƙungiyar mata ko ta matasa, ku nuna wa wani dattijo da ya ga zamanin, ku tambaye shi: yaushe aka yi wannan magana, wa ake yi wa ita, me mutumin ya faɗa kafin wurin da aka yanke?