Dukan Gora Ma Yana Da Lambarsa A Asibiti

Mutanen Gama, cikin Ƙaramar Hukumar Nassarawa a Kano, ba su manta da ranar 23 ga Maris 2019 ba. Ranar aka sake zaɓen gwamna a mazaɓar, aka ga matasa ɗauke da gora da sanduna a titi. Amma dukan gora ba sai ranar zaɓe ba. Akan yi shi a rikicin gona, da faɗan 'yan daba, har ma a tsakar gida da taɓarya.

Idan aka kai wanda aka daka asibiti, likita zai duba shi ya rubuta abin da ya gani a kati. A manyan asibitoci, ma'aikatan ɗakin kati sukan mayar da wannan bayani zuwa lambobi. Lambobin suna cikin wani littafi na Hukumar Lafiya ta Duniya mai suna ICD. An amince da bugu na 10 a 1990, ƙasashe suka fara aiki da shi a 1994. Bugu na 11 ya fara aiki a 2022 da sababbin lambobi, kuma ƙasashe suna komawa kansa sannu a hankali.

A bugu na 10, rauni guda yakan sami lamba biyu. Ta farko tana faɗin abin da ya sami jiki. Karayar hannu tsakanin gwiwar hannu da wuyan hannu ita ce S52. Wannan karaya tana yawan samun wanda ya ɗaga hannu don ya kare kansa. Tsagewar ƙashin kai ko na fuska ita ce S02, raunin cikin kai kuwa S06.

Lamba ta biyu tana faɗin yadda abin ya faru. Idan da gangan aka doki mutum da abu marar kaifi, kamar gora, kulki ko guduma, sai a rubuta Y00. Sara ko suka da abu mai kaifi, X99 ke nan. Naushi da hauri, Y04. Idan an kasa gane ko ganganci ne ko tsautsayi, akwai Y29.

Wannan lamba ta biyu, galibi daga bakin majinyaci da danginsa take fitowa, kuma nan ake samun matsala. Sau da yawa mace takan zo da kumburi a ka, ta ce faɗuwa ta yi, don kunya ko tsoro, ko don a rufa wa gida asiri. Sai a rubuta W19, wato faɗuwa. Daga baya idan magana ta kai kotu, rahoton likita ba zai taimake ta ba, domin katin bai ambaci duka ba. Alhali a dokar final kod, karya ƙashi ko haƙori mummunan rauni ne, hukuncinsa ya fi na rauni mai sauƙi.

Ɓoye gaskiya yana cutar da magani ma. Gora ba ta cika fasa fata ba, ɓarnarta a ciki take. Jini yana iya taruwa a cikin kai, mutum yana tafiya yana magana, bayan 'yan sa'o'i ya suma. Duka a haƙarƙarin hagu yana iya fasa saifa. Likitan da aka gaya wa da me aka yi dukan, a wane wuri, da ƙarfe nawa, ya fi sanin inda zai bincika.

Wanda aka doka a ka, idan ya fara amai, ko barci mai nauyi, ko jini ko ruwa na fita ta kunne ko hanci, kada a tsaya wajen mai ɗori. A garzaya da shi asibiti. Dokar Lafiya ta Ƙasa ta 2014 ta hana asibiti ƙin karɓar mai bukatar taimakon gaggawa. A tambayi lambar katinsa a adana ta, domin da ita za a nemo fayil ɗinsa ranar da ake son rahoton likita.