Akuyar da Ba Zagi Ba: Turancin Sara da Tarkonsa

A wurin Bahaushe, wanda aka kira akuya an zage shi. Amma idan matashi ya rubuta a Facebook cewa Messi "goat" ne, ya kai shi ƙololuwar yabo ke nan. Haruffan farko ne na wasu kalmomi huɗu masu nufin gwarzon da ba a taɓa yin irinsa ba, da aka haɗa su sai suka faɗo daidai da sunan akuya a Turanci. Kirarin ya samo tushe daga ɗan damben Amurka Muhammad Ali, wanda matarsa Lonnie ta yi rajistar kamfani da wannan suna a 1992. Mawaƙi LL Cool J ya raɗa wa faifansa na 2000 sunan, ƙamus ɗin Merriam-Webster kuma ya karɓi ma'anar a 2018.

Irin wannan magana ita masana harshe ke kira sara. Yawancin sara ba ƙago sabuwar kalma yake yi ba, tsohuwa yake ɗauka ya karkatar da ita. A makaranta an koya mana "beef" naman shanu ne, a bakin matasa kuwa gaba ce tsakanin mutum biyu. "Tea" shayi ne, amma a sara gulma ce. "Cap" hula ce, a sara ƙarya, shi ya sa "no cap" ke nufin ba wasa nake ba. "Ghost" fatalwa ce, amma wanda aka ce ya yi "ghosting" ɗin budurwarsa ya daina ɗaukar wayarta ne ba tare da sallama ba. Wani lokaci ma kifar da ma'anar ake yi gaba ɗaya: "sick", "wicked" da "bad" duk sukan zama yabo.

Da yawa daga cikin waɗannan kalmomi daga bakin baƙaƙen fatar Amurka suka fito, waƙoƙin hip hop suka yaɗa su, TikTok ya ƙarasa aikin. "Rizz", wato iya tsara wanda kake so da daɗin baki, ta bazu a intanet har masu ƙamus na Oxford suka zaɓe ta kalmar shekarar 2023.

Wani nau'in sara kuma wasa ne da amon kalma, wanda ya girmi intanet nesa ba kusa ba. Tun ƙarni na 19 talakawan gabashin Landan ke musanya kalma da wata mai amsa amonta. Suna ce wa matakalar bene "apples and pears", wato tuffa da fiya, don kawai ƙarshensu ya yi kama da "stairs". Sau tari sukan yar da rabin ƙarshe, baƙo ya ji ana zancen tuffa alhali bene ake hawa.

Ƙasa ma tana canza ma'ana. "Pants" a Amurka wando ne, a Ingila ɗan kamfai. "Rubber" a Ingila magogin fensir ne, a sarar Amurka kwaroron roba. "Pissed" a Landan ya bugu da giya, a New York ya fusata.

Tarko na ƙarshe a furuci yake. Kamar yadda tsawon wasali ke raba garin da ake zama da garin da ake tuƙa tuwo, haka yake a Turanci. "Beach", bakin teku, da "sheet", falle ko zanen gado, da dogon wasali ake furta su. Aka gajarta, ta farko ta koma zagin mace, ta biyu ta koma kashi. Sannan tun da Hausa ba ta bambanta sautin p da f, dole mai magana ya kula kada "pool", wurin ninƙaya, ya fito "fool", wato wawa.

Sanin sara yana da amfani, domin yakan hana mutum fushi da yabo ko murna da zagi. Amfani da shi kuwa sai an duba wuri. Kafin ka ari kalma, bincika wa ke faɗinta, a wace ƙasa, kuma a gaban wa. Ƙamus na zamani yakan sa alama a gefen kalmar da take sara ko batsa, sai a riƙa lura da ita. A takardar neman aiki, jarrabawar WAEC, ko gaban manya, Turancin aji shi ne mai fisshe ka.