Karayar Wuyan Hannu da ta Ƙi Haɗewa: Yadda Harafi Guda ke Yanke Hukuncin Biyan Kuɗin Magani

A harkar inshorar lafiya ta ƙasar Amurka, kowace takardar neman biya da asibiti zai aika wa kamfanin inshora tilas ta ɗauki lambar cuta. Wannan lamba ce na'urar kamfanin take fara karantawa, kuma da ita ake yanke shawarar ko a biya, ko a rage, ko a mayar da takardar. Karayar wani ɗan ƙaramin ƙashi na wuyan hannu misali ne mai kyau na yadda harafi guda a ƙarshen lambar kan sauya lissafin kuɗi baki ɗaya.

Wuyan hannun ɗan Adam yana da ƙananan ƙasusuwa guda 8, jere biyu. Wanda ya fi yawan karyewa a cikinsu shi ne wanda likitoci ke kira sikafoyid, sunan da aka samo daga kalmar Girkanci mai nufin kwale-kwale saboda siffarsa. Yana nan a gindin babban yatsa, kuma galibi yakan karye ne idan mutum ya faɗi ya dafa ƙasa da tafin hannu. Samari majiya ƙarfi su ne suka fi gamuwa da wannan rauni, wato masu aikin gini, 'yan wasan ƙwallo da masu hawan babur.

Matsalar wannan ƙashi iri biyu ce. Ta farko, sau da yawa karayar ba ta bayyana a hoton ƙashi na farko, ga shi kuma kumburin ba shi da yawa, don haka majinyaci kan ɗauka targaɗe ne ya ci gaba da aikinsa. Ta biyu, jini yana shiga ƙashin ne ta ƙarshensa na wajen yatsu, sannan ya gangara baya zuwa ƙarshen da ke wajen damtse. Idan karaya ta raba ƙashin biyu, ɓangaren baya yana iya rasa jini, kuma ƙashin da ba ya samun jini ba ya haɗewa, wani lokaci ma mutuwa yake yi. Shan taba yana ƙara wannan haɗari. Likitocin ƙashi sukan ɗauki karayar a matsayin wadda ta ƙi haɗewa idan ta kai kimanin wata 6 ba ta kama ba.

Bambancin kuɗi tsakanin yanayin biyu babba ne. Sabuwar karaya da ba ta goce ba, akan ɗaure ta da filasta na tsawon mako 6 zuwa 12. Wadda ta ƙi haɗewa kuwa, yawanci sai an yi tiyata: a kankare bakin karayar, a yanko ɗan ƙashi daga ƙugu ko daga ƙashin hannu a cike gurbin, sannan a ɗaure da ƙusar ƙarfe mai zare, irin wadda likita Timothy Herbert ya gabatar a shekarar 1984. Idan aka bar ta haka nan, gaɓar kan lalace sannu a hankali cikin shekaru, har mutum ya kasa riƙon guduma ko sitiyari.

Tsarin ba wa cututtuka lamba ya samo asali ne daga jerin dalilan mutuwa da Bafaranshe Jacques Bertillon ya tsara a shekarar 1893. Hukumar Lafiya ta Duniya ta karɓi ragamarsa a 1948. Bugu na goma, wanda ake kira ICD-10, an amince da shi a 1990, na goma sha ɗaya kuma ya fara aiki a ranar 1 ga Janairu, 2022. A bugu na goma na Hukumar, karayar sikafoyid tana da lamba S62.0, rashin haɗewar karaya kuma, kowane ƙashi ne, yana da lamba M84.1.

Amurka ta faɗaɗa wannan bugu domin bukatun biyan kuɗi, ta kira nata ICD-10-CM, ta kuma fara aiki da shi ranar 1 ga Oktoba, 2015. Tsohon tsarinta yana da lambobi kimanin 14,000, sabon kuwa ya zo da kusan 70,000. A da, lamba ɗaya tak, 733.82, ita ce ta kowace karaya da ta ƙi haɗewa, ko a cinya ko a yatsa. A sabon tsarin, lambar tana da gurabe 7, kuma kowane gurbi da saƙon da yake ɗauke da shi.

A ɗauki S62.021K. Farkonta, S62.0, na nufin karayar sikafoyid. Lamba 2 da ke biye na nuna cewa a tsakiyar ƙashin karayar take. Da a ƙarshen wajen yatsu ne sai a sa 1, da a ƙarshen baya ne sai a sa 3. Lamba 1 ta gaba na nuna hannun dama ne, kuma ƙashin ya goce daga mazauninsa. Da hagu ne sai a sa 2, da dama ne bai goce ba sai a sa 4. Harafin ƙarshe shi ne ke bayyana matakin jinya. A na nufin lokacin da ake ainihin maganin sabuwar karaya rufaffiya, B kuma wadda fata ta yage. D na nufin majinyaci ya dawo kuma ƙashi na warkewa yadda ya kamata, G warkewa na jinkiri, K ƙashi ya ƙi haɗewa, P ya haɗe a karkace, S kuma lahanin da raunin ya bari.

Aikin da likita ya yi yana da tasa lambar daban, a wani kundi mai suna CPT na Ƙungiyar Likitocin Amurka. Ɗaurin sabuwar karayar sikafoyid ba tare da jan ƙashi ba shi ne 25622, tiyatar gyaran wadda ta ƙi haɗewa kuma 25440. Kamfanin inshora yana gwama lambobin biyu. Idan asibiti ya nemi kuɗin 25440 alhali lambar cuta ta ƙare da D, ma'anarta an yi babbar tiyata a ƙashin da ke warkewa lafiya, don haka takardar na iya dawowa ba biya. Kazalika shirin Medicare na gwamnatin Amurka ba ya biyan kuɗin na'urar da ke zaburar da haɗewar ƙashi sai an nuna hotunan ƙashi kashi biyu da aka ɗauka da tazarar aƙalla kwana 90.

Akwai ƙa'idar da takan ruɗa har ƙwararru. Mutumin da ya faɗi, bai je asibiti ba sai bayan wata 8, aka kuma tarar ƙashinsa ya ƙi haɗewa, ƙa'idojin hukuma sun ce harafin A za a ba shi, domin wannan ne karon farko da karayar ta samu magani. Harafin K na wanda aka riga aka yi wa magani ne amma ƙashin bai kama ba. Haka nan idan likita bai rubuta ko ƙashin ya goce ba, ana ɗauka ya goce. Idan bai rubuta ko fata ta yage ba, ana ɗauka rufaffiya ce. Ma'aikacin da ke sa lamba ba shi da ikon ƙirƙirar abin da likita bai rubuta ba. Asibitin da ya kumbura lamba da gangan don karɓar kuɗin gwamnati kuwa, yana fuskantar tara mai nauyi a ƙarƙashin dokar hana neman biya na ƙarya, wadda asalinta tun 1863 ne.

Darasin ya shafi Nijeriya kai tsaye. An kafa shirin inshorar lafiya na ƙasa da doka mai lamba 35 ta 1999, ya fara aiki a 2005, sannan dokar 2022 ta mayar da shi hukuma tare da wajabta inshorar a kan kowa. A ƙarƙashin shirin, tiyatar ƙashi tana cikin ayyukan da ake biya ɗaya bayan ɗaya, bayan samun izinin kamfanin da ke kula da majinyaci. Wannan izini ya dogara ne ga abin da likita ya rubuta. Bugu da ƙari, jama'a da dama kan fara zuwa wurin masu ɗorin gargajiya, ba sa isa asibitin ƙashi irin na Dala a Kano ko Igbobi a Legas sai abu ya yi nisa, lokacin da maganin filasta ya riga ya wuce.

Ga mai masana'anta ko ɗan kwangila, dokar biyan diyyar ma'aikata ta 2010 ta ɗora masa biyan kashi 1 cikin 100 na jimlar albashin ma'aikatansa ga asusun NSITF. Dokar ta bukaci ma'aikacin da ya ji rauni ya sanar da ubangidansa cikin kwana 14, shi kuma ubangidan ya kai rahoto cikin kwana 7. Leburan da ya faɗo daga tsani aka ce targaɗe ne, ba a rubuta komai ba, zai sha wuya bayan wata 8 wajen tabbatar da cewa a bakin aiki ƙashinsa ya karye. A nan ne rigima kan tashi tsakanin ma'aikaci, kamfani da asusun diyya.

Saboda haka ya kamata duk ma'aikacin da ya faɗi a kan hannu, yake kuma jin zafi a gindin babban yatsa, a kai shi hoto nan take, a kuma sake ɗauka bayan kwana 10 zuwa 14 idan na farko bai nuna komai ba. A rubuta ranar faɗuwar, wurin, da hannun da ya ji rauni, a kuma ajiye kwafin rahoton likita a fayil ɗin ma'aikacin.