Ƙafa a Kafe, Ƙafa a Sake: Yadda Ake Dawo wa Gwiwa da Ƙarfinta

 Shirinmu na musamman na yau a kan gwiwa yake, da wata muhawara da likitocin ƙashi da likitocin fisiyo suka shafe shekaru fiye da 30 suna tafkawa a kanta. Masu bin ƙwallon Turai ba su manta da watan Oktoban 2020 ba, lokacin da Virgil van Dijk na Liverpool ya ji rauni a wasansu da Everton, har kakar ta ƙare bai sake taka leda ba. Haka Rodri na Manchester City, wanda ya samu irin wannan rauni a Satumban 2024, ya je karɓar kyautar Ballon d'Or yana dogara sanda. Abin da ya tsinke musu wata jijiya ce a can tsakiyar gwiwa, wadda likitoci ke kira ACL. Aikinta shi ne ta riƙe ƙashin ƙwauri kada ya zame gaba ya bar ƙashin cinya. Idan ta tsinke, likita kan yanko wata jijiya daga ƙasan ƙoƙon gwiwa ko daga bayan cinya ya dasa a gurbinta. Wannan aiki na awa ɗaya ne ko biyu. Abin da ke biyo baya, wato atisayen da zai maido da ƙarfin ƙafar, shi ke cin wata tara ko shekara, kuma a kansa ne ake jayayya.

Masana sun kasa atisayen gida biyu. Akwai wanda tafin ƙafa ke kafe a ƙasa, jiki ne ke motsi a kansa: tsuguno da miƙewa, hawa matakala, tashi daga kujera. A irin wannan, idon sawu da gwiwa da ƙugu tare suke aiki, ba mai motsawa ba tare da ya ja 'yan'uwansa ba. Shi ake kira rufaffiyar sarƙa. Akwai kuma wanda ƙafa ke sake a iska: mutum ya zauna a bakin gado ko a kan injin gidan motsa jiki, ya miƙe gwiwa da nauyi ɗaure a ƙwaurinsa, ya sake lanƙwashe ta. Gaɓa ɗaya ce ke aiki, sauran na hutawa. Shi ne buɗaɗɗiyar sarƙa. Hannu ma haka yake: mai dafa ƙasa yana ɗaga jikinsa a rufe yake, mai ɗaga ƙarfe da damtse a buɗe yake. Asalin wannan tunani daga wajen injiniyoyi ya fito. Wani Bajamushe mai suna Franz Reuleaux ne, a 1875, ya bayyana inji a matsayin sassa masu sarƙe da juna, sannan wani likitan ƙashi a jihar Iowa ta Amurka, Arthur Steindler, ya ɗauko shi ya ɗora a kan jikin ɗan Adam a littafinsa na 1955.

Daga wajajen ƙarshen shekarun 1980 sai wata fahimta ta kafu a asibitoci da makarantun koyon aikin fisiyo, cewa rufaffiyar sarƙa ita ce mai aminci kuma mai amfani, buɗaɗɗiya kuwa haɗari ce ga wanda aka yi wa dashen jijiya. Har yau akwai likitocin da ke hana majiyyaci miƙe gwiwa da nauyi na tsawon watanni. Matsayin wannan shiri shi ne, wannan hani ya wuce gona da iri, kuma yana jawo asarar da ba a cika lissafa ta ba. Gwiwar da aka yi wa aiki tana buƙatar nau'ukan biyu, abin da ya kamata a tsaya a kai shi ne yaushe za a fara, daga wane lanƙwasa zuwa wane, kuma da nauyi nawa.

Sai dai a yi wa masu hanin adalci, ba haka kawai suka tashi da tsoro ba. Tsokar gaban cinya, wadda ke miƙe gwiwa, tana da sassa huɗu, jijiyarta kuma ta bi ta kan ƙoƙon gwiwa ta kama saman ƙashin ƙwauri. Idan gwiwa na lanƙwashe kamar ta mai zaune a kujera, wato digiri 90, jan wannan tsoka ba ya takura wa jijiyar da aka dasa. Amma idan ƙafa ta kusa miƙewa sarai, daga kamar digiri 30 zuwa sifili, jan yakan fizgi ƙwaurin gaba, kuma jijiyar dashen ce ke tare shi. Ga shi kuwa a makonnin farko dashen bai gama kama ƙashi ba, jiki na cikin sake gina shi. A tsuguno kuma nauyin jiki yana danne ƙasusuwan biyu wuri ɗaya, tsokar bayan cinya tana ja ta baya, don haka aka ɗauka fizgar ba za ta yi yawa ba. Wani bincike da Bynum da abokan aikinsa suka wallafa a Amurka a 1995 ya ƙarfafa wannan ra'ayi, domin waɗanda suka yi rufaffen atisaye sun fi samun gwiwa mai ɗauri da ƙarancin ciwon ƙoƙon gwiwa.

To, amma da aka shiga cikin gwiwar aka auna, sai lissafi ya sauya. A jami'ar Vermont, Bruce Beynnon da Braden Fleming sun riƙa maƙala wata 'yar ƙaramar na'ura a jikin jijiyar mutanen da suka amince, suna auna yadda take miƙewa yayin atisaye. Sakamakon da suka fitar a 1997 ya nuna cewa miƙewar jijiya a lokacin tsuguno ba ta da wani bambanci na a zo a gani da ta lokacin miƙe gwiwa a zaune. Duka biyun ba su kai kashi 5 cikin 100 ba. Gaskiya ne cewa ƙara nauyi a buɗaɗɗen atisaye yana ƙara jan jijiyar fiye da yadda yake yi a tsuguno, kuma lafiyayyun jijiyoyi suka auna, don haka ba a ce a saki jiki ba. Abin da ya rushe shi ne zaton cewa nau'i ɗaya tsarkakakke ne, ɗayan kuma guba.

Hujjar da ta fi nauyi tana wajen tsokar kanta. Gwiwar da ta kumbura ko take ciwo takan aika wa jijiyoyin laka saƙon da ke rage wa tsokar gaban cinya kuzari, ko da majiyyacin yana iya ƙoƙarinsa. Cikin 'yan makonni cinyar ta rame, kowa na iya gani da ido. Idan aka ce wa irin wannan mutum ya yi ta tsuguno, jikinsa zai nemo dabara ba tare da saninsa ba. Zai karkata nauyi zuwa lafiyayyar ƙafar, ya tura ƙugu baya, ya sunkuyar da ƙirji, tsokar ɗuwawu ta karɓi aikin. Masu bincike sun auna wannan da faranti mai auna nauyi a ƙarƙashin kowace ƙafa, suka tarar ana ci gaba da yinsa watanni da dama bayan aiki, alhali mai kallo yana ganin tsuguno daidai wa daida. Kamar aikin gayya ne: gona za ta nome, amma ba za a gane wanda fartanyarsa ba ta shiga ƙasa ba sai an ware masa kunyarsa shi kaɗai. Buɗaɗɗen atisaye shi ne wannan warewa. Mai zaune da nauyi a ƙwauri ba shi da ƙugun da zai ara, ko tsokar ta ɗaga ko ta kasa, kuma a nan ne kawai likita zai san gaskiyar ƙarfinta, a nan ne kuma za a tilasta mata ta ginu.

An gwada wannan a aikace. A Suwidin, a shekara ta 2000, Mikkelsen da Werner da Eriksson sun raba majiyyata 44 gida biyu. Rukuni ɗaya ya tsaya a kan rufaffen atisaye, ɗayan aka ƙara masa buɗaɗɗe daga mako na shida, aka fara daga digiri 90 zuwa 40 kafin a riƙa faɗaɗawa a hankali. Rukuni na biyu ya fi ƙarfin cinya, waɗanda suka koma wasa a matakinsu na da sun fi yawa a cikinsa, sun kuma riga komawa da kimanin wata biyu, ba tare da gwiwarsu ta fi sako-sako ba. Me ya sa ƙarfin cinya ya zama abin damuwa haka? Saboda raunin yana son komowa. Wani nazari na haɗin gwiwa tsakanin Delaware ta Amurka da Oslo ta Norwe, wanda Hege Grindem ta jagoranci wallafa shi a 2016, ya bi 'yan wasa 106 na tsawon shekara biyu. An ga cewa duk wata ɗaya da ɗan wasa ya jinkirta komawa fili, har zuwa wata na tara, haɗarin sake jin rauni yana raguwa da kusan rabi, kuma waɗanda ƙarfin cinyoyinsu biyu ya kusa daidaita sun fi tsira. Shi ya sa ake son ƙafar da aka yi wa aiki ta kai aƙalla kashi 90 cikin 100 na ƙarfin 'yar'uwarta. Wanda ya hana buɗaɗɗen atisaye don kare dashe, ya sallami ɗan wasa da ramammiyar cinya, ya jefa dashen cikin haɗarin da ya fi wanda ya guje wa.

Wani zai ce, to ai ba a zaune ake rayuwa ba, mene ne amfanin ƙarfin da aka tara a kan kujera? Wannan magana tana da daɗin ji, amma a duba tafiya kanta. A kowane taku, ƙafa tana ƙasa kimanin kashi 60 cikin 100 na lokacin, sauran kashi 40 tana iska. Mai buga ƙwallo ƙafarsa ɗaya a kafe take, ɗayar a sake, kuma ta saken ce ke cin raga. Ɗan dambe da mai jifa hannunsu a buɗe yake. Bayan haka, tsoka ba ta san sunan atisaye ba, nauyin da aka ɗora mata ta sani. Idan ta yi ƙarfi a kujera, sai a koya mata amfani da shi a tsaye. Akwai ma sashe ɗaya daga cikin sassa huɗun tsokar gaban cinya, wanda ya ratsa ƙugu da gwiwa gaba ɗaya, da tsuguno ba ya gina shi sosai, sai an miƙe gwiwa a zaune.

Ƙorafin da ya fi cancantar a saurara shi ne na lokaci. A 2007, Heijne da Werner, su ma a Suwidin, sun gano cewa waɗanda aka yi wa dashe da jijiyar bayan cinya, aka fara musu buɗaɗɗen atisaye tun mako na huɗu, gwiwarsu ta fi yin sako-sako a kan waɗanda aka jinkirta wa. Ba a ga haka ba a masu dashen jijiyar ƙoƙon gwiwa, wadda ake ɗaukowa da ɗan guntun ƙashi a kowane ƙarshe, don haka ta fi saurin kamawa. Wannan gargaɗi ne na gaske, kuma amsarsa ita ce tsari. Ƙa'idojin da masana a ƙasar Holan suka fitar a 2016 sun yarda a fara daga mako na huɗu, amma tsakanin digiri 90 da 45 kaɗai, a riƙa buɗewa mako-mako, sannan mai dashen bayan cinya kada a ƙara masa nauyi sai bayan mako 12. Ko a ciwon ƙoƙon gwiwa, wanda ba ruwansa da tiyata, lissafin lanƙwasa ne ke aiki. Tsuguno ya fi sauƙi ga ƙoƙon daga tsaye zuwa digiri 45, miƙewar zaune kuwa ta fi sauƙi daga 90 zuwa 45. Erik Witvrouw a Beljiyam ya gwada nau'ukan biyu a kan masu wannan ciwo, ya bi su har shekara biyar, duka rukunonin suka samu sauƙi mai ɗorewa.

Kada kuma a ji wannan a yi watsi da tsuguno. Shi ke koya wa jiki daidaito, shi ke haɗa gaɓoɓi su yi aiki tare, shi ke sa ƙashi ya saba da ɗaukar nauyi. A ƙasarmu ma buƙatarsa ta fi ta Turai, domin majiyyacinmu ba fili kaɗai yake son komawa ba. Yana son ya yi sujada, ya zauna zaman tahiya, ya miƙe zuwa raka'a ta gaba ba tare da ya dafa bango ba, ya tsuguna a bayan gida, ya zauna a tabarma. Babu injin da zai koya masa waɗannan sai ya yi su da ƙafarsa a ƙasa, mataki-mataki.

Saura maganar kayan aiki, don za a ce manyan asibitoci irin na ƙashi da ke Dala a Kano su ne ke da injina, mutumin ƙauye fa? Buɗaɗɗen atisaye shi ne ma mafi arha. Benci mai tsayi, jakar yashi da aka auna nauyinta, ko robar tayar keke da aka ɗaure a ƙafar gado, sun wadatar. Wanda ya samu karaya aka hana shi taka ƙafa, da irin wannan kaɗai zai iya riƙe tsokarsa kafin a ba shi izinin tsayuwa. Ana iya ajiye sikeli biyu na awon nauyi, ƙafa ɗaya a kan kowanne, a ga ko majiyyaci yana gudun ƙafar da ke ciwo. Abin da ba a iya maye gurbinsa shi ne ƙwararren da zai tsara aikin. Duk wanda aka yi wa tiyatar gwiwa, ya tambayi likitansa wace jijiya aka dasa masa, ya kai wannan bayani ga likitan fisiyo, kuma kafin a ce ya koma fili ya nemi a auna ƙarfin cinyoyinsa biyu, kowace ita kaɗai. Idan gwiwa ta kumbura washegarin atisaye ko ciwo ya ƙaru, a rage nauyi a koma wajen likita kafin a ci gaba.